Yadda zaka haɗa waƙar gargaɗi ga masu komawa zamanin da

Abin ya faro ne wani dare da aka ɗauke wuta, zafi ya koro mu tsakar gida, yaran yayata su huɗu suka zagaye ni akan tabarma wai sai na basu labari, kuma sun riga sun faɗa min basa son na Gizo da Ƙoƙi don sun haddace. Toh sai na ƙirƙiro musu wani yaro ɗan makanike da ya haɗa wani inji a bayan garejin babansa, in ya shiga ciki ya murɗa agogon da ke jikin injin sai ya tsinci kansa a zamanin da ya wuce. Muna cikin tafiya na ce yaron ya rubuta duk abubuwan da zai kiyaye a cikin wayarsa, sai babbarsu, 'yar shekara 11, ta katse ni tace "Anti, to in cajinsa ya ƙare fa, ai babu wuta a can." Nace to a takarda ya rubuta, tace takarda ai ruwa zai jiƙa ta ko a ƙwace masa. Gaskiyarta ne wallahi. Abin da ba'a iya ƙwace wa matafiyi shine abin da ke kansa, kuma abin da ya fi zama a kai shine waƙa. Daga nan muka fara, mun shafe kusan wata biyu muna gini muna rushewa, shine nace bari in rubuto yadda muka yi saboda masu rubuta labarin yara, da malaman firamare, da duk wanda yake son yaro ya riƙe tarihi ba tare da an tsare shi da bulala ba.

Kuma wannan dabarar ba baƙuwa bace a wajenmu. Nana Asma'u 'yar Shehu, wadda ta rasu a 1864, da waƙoƙi ta ilmantar da matan karkara, jajis ɗinta, wato matan da ta horar su koyar, su haddace su tafi ƙauyuka su rera wa ɗalibansu mata da ake kira 'yan taru, matar da bata taɓa riƙe alƙalami ba sai gata da ilimi a ka. Don haka in kace jaruman labarinka suna da waƙar da dole kowa ya haddace kafin a barshi ya shiga injin, babu yaron Bahaushe da zai ga abin banbarakwai.

Fara da amshi, kar ka fara da baiti. Amshi shine abin da za'a maimaita sau bakwai sau takwas, shine zai rage a kan yaro bayan ya manta komai, don haka zauna ka tambayi kanka, in abu ɗaya tak matafiyin nan zai tuna, mene ne? Ni na daɗe akan wannan. Da farko na saka "kar ka mutu a can" a matsayin jigo, sai na ga waƙar ta koma ta tsoro zalla, kuma ta maida mutanen da kamar wasu dodanni. Alhali kakanninmu ne, suna da gidajensu da kasuwarsu da kunyarsu da dokarsu, kai ne ka faɗo musu babu gayyata. Sai amshin ya zama haka:

Mai tafiya baya, ji nan, ji nan,
zamanin can ba naka ba ne.
Shiga da sallama, fita da sallama,
gidan mutane ne, ba kango ba ne.

Da ka samu amshi, ajiye biro tukuna ka je ka tara haɗurran. Anan ne nake roƙon duk wanda zai yi wannan aiki, dan Allah injin ya zama na ƙarya amma haɗarin ya zama na gaske. Yaro zai girma da waƙar nan a bakinsa, in ka cusa masa shekarar da ba daidai ba ko annobar da ba'a taɓa yi ba, ka dasa masa kuskure da kiɗa, kuma abin da ya shiga da kiɗa baya fita da sauƙi. Duk abin da zaka saka ka tabbatar ya faru, ka san shekararsa da wurinsa. Sannan kar ka jera su bisa shekaru kamar jadawalin jarrabawa, jera su yadda matafiyi zai ci karo dasu: saukarsa, ƙishirwarsa ta farko, shigarsa gari, bakinsa, sannan komawarsa gida.

Sauka kenan farko. Yawancin masu labari suna mantawa cewa ƙasar nan ba a tsaye take ba, tana zagaya rana da gudun kusan kilomita 30 a duk daƙiƙa ɗaya, wato a awa guda ta ci kilomita fiye da 100,000, kaga kenan injin da ya san "yaushe" amma bai san "ina" ba zai ajiye ka ne a sararin samaniya inda babu iskar shaƙa. Ko da injin ya iya bin ƙasa, ita kanta ƙasar ta sauya fuska. Shekara kamar 7,000 da suka wuce Tafkin Chadi wani makeken ruwa ne da ya haura murabba'in kilomita 300,000, dogon tudun yashin nan da ya bi ta Bama da Maiduguri shine gaɓarsa, su Dikwa da Monguno da Kukawa duk a ƙarƙashin ruwa suke. Shaida ma tana nan, a 1987 wani makiyayi yana haƙa rijiya a Dufuna ta jihar Yobe ya ci karo da kwalekwale mai tsawon mita 8 da aka auna shekarunsa kusan 8,000. In kuma yaranka irin nawa ne masu son dainoso, basai ka kaisu Amurka ba, a hamadar Tenere ta Nijar, wajen da ake kira Gadufawa, an tono ƙasusuwan wani kada da ya rayu shekara kamar miliyan 110 baya, tsawonsa ya haura mita 9, lokacin wajen koguna ne da dausayi. Duk wannan bayanin ɗango huɗu ya isa ya ɗauke shi:

Kafin ka ce yaushe, ka ce ina,
ƙasa tana gudu, ba ta jira.
Kukawa ta da can ruwa ce malala,
in ba kwalekwale, kar ka dira.

Lura da yadda abin yake, baiti baya bayani, ƙugiya ce kawai da zaka rataya bayanin a jiki. Kai mai labari kai zaka faɗi zancen Dufuna da baki sau ɗaya, daga baya duk sanda yaro ya rera "kwalekwale" labarin zai biyo shi.

Akwai kuma rikicin kwanan wata, wanda ban samu na saka a waƙar ba amma na mayar dashi tarko a cikin labarin. A 1582 da aka gyara kalandar Turawa, mutanen Rum da Sifen da Fotugal sun kwanta ranar Alhamis 4 ga Oktoba suka tashi Juma'a 15 ga wata, kwana goma babu su kwata-kwata, Ingila kuma bata bi sahu ba sai 1752. Ga shekarar Hijira da take kwana 354, tana gaza ta Miladiyya da wajen kwana 11. Jarumin da ya danna 10 ga Oktoba 1582 ya nufi Rum, ina injin zai kaishi? Yara sun yi ta gardama akan wannan har aka kira isha.

Yanzu mu zo inda na fi daɗewa, ruwa da cuta, don gaskiya ba takobi ne zai fara kashe matafiyin zamani ba, moɗar ruwa ce. Su mutanen can jikinsu ya saba da ruwan rijiyarsu da tafkinsu, kai naka cikin ruwan leda ya sani. Ga kurkunu da ake sha a ruwan kududdufi ya kwana shekara guda a jiki sannan ya fasa ƙafa ya fito, wanda sai a 2013 aka tabbatar Najeriya ta rabu dashi. Ga kwalara, wadda ko a Landan sai a 1854 wani likita John Snow ya bi sawun masu mutuwa ya gano famfon unguwa ɗaya ne yake rarraba ta. Ga shi babu fenisilin, maganin kashe ƙwayoyin cuta, don sai 1928 aka gano shi kuma bai wadata ba sai wajen 1940 da wani abu, ma'ana ƙaya ta soke ka ciwon ya rube shikenan ana iya rasa ƙafa ko rai.

Amma wadda ta fi tsaya min a rai agana ce. Ranar da muke wannan baitin Kaka tana gefe akan dardumarta tana jan carbi tana jinmu, da taji na ambaci agana sai ta kira yaran ta janye hannun rigarta ta haska musu dantsenta da tocila, ga wani tabo zagayayye kamar an danna kwabo akan fata, ya ɗan lotsa. Tace wannan lambar agana ce, layi aka jera su a ƙofar gidan mai unguwa aka yi musu, kuma a ƙuruciyarta babu unguwar da zaka shiga baka ga mai zanen agana a fuska ba ko wanda ta makantar. Ƙaramin ya ɗaga nasa hannun yace ai shima yana da lamba, sai na gaya masa tasa ta tarin fuka ce, bata kare shi daga agana. Mutum na ƙarshe da ya kamu da ita ta hanyar yaɗuwa a gari a Somaliya ne a 1977, a 1980 aka sanar an kawar da ita daga duniya, daga nan aka daina rigakafinta. Kaga duk wanda aka haifa bayan nan, in ya koma baya shekara 100 kacal, tsirara yake a gabanta. Yaran sunyi tsit suna kallon hannun Kaka, kuma wannan baitin shine wanda basu taɓa kuskurensa ba:

Ruwan da ba ka ga tafasarsa ba,
bar shi a tulu ko da ƙishi.
Agana na nan, kai ba ka da lamba,
ga mai ƙuraje, kar ka taɓa shi.

In kana da tsoho ko tsohuwa a gida, jawo su cikin aikin nan, abin da zasu nuna da hannu ɗaya ya fi shafi goma.

Sai baitin shekarun da ba'a sauka. Nan jarabar ita ce ka cika waƙa da lambobi, kuma lamba bata da daɗin rerawa, bata kuma zama a kai. Dabarar ita ce ka nemi sunan da mutanen da abin ya faɗa wa suka raɗa wa shekarar, don su sun riga sun yi maka rabin waƙar. Yunwar 1913 zuwa 1914 da ta biyo bayan fari ta cinye ƙasar Hausa daga Kano har Damagaram, Kakalaba suka kira ta, ji yadda sunan yake faɗuwa a baki kamar kiɗan kalangu. Murar 1918 da ta zagaye duniya ta kashe miliyoyin mutane, ta shigo ta jirgin ruwa a Legas ta biyo layin dogo zuwa Arewa, tsofaffi marisuwa suke ce mata.

Sha uku, sha huɗu, Kakalaba,
rumbu wayam, tukunya a kife.
Sha takwas ga marisuwa,
gari ya yi tsit, ƙofa a rufe.

Zaka iya ƙara baiti na biyu na ranakun yaƙi da Turawan Ingila in labarinka zai bi ta nan, Kano ranar 3 ga Fabrairu 1903, Sakkwato 15 ga Maris, Burmi 27 ga Yuli inda Sarkin Musulmi Attahiru ya yi shahada, duk a shekara ɗaya. In kuma jarumanka masu ƙetare teku ne to kowace ƙasa da nata: garin Fomfei na Italiya a shekara ta 79 da dutse ya yi aman wuta ya binne shi, Lisbon ranar 1 ga Nuwamba 1755 da girgizar ƙasa, jirgin Titanic a Afrilun 1912, gefen Tafkin Nyos na Kamaru daren 21 ga Agusta 1986 da iska mai guba ta taso daga ruwa ta kashe mutum fiye da 1,700 suna barci. Daga 1347 zuwa 1351 kuwa kusan babu inda zaka sauka tsakanin Masar da Sham da Turai, annobar da ƙumar ɓera ke yaɗawa ce take shara, ita ta ɗauke wa malamin tarihi Ibn Khaldun uwa da uba a Tunis, shahararren matafiyi Ibn Battuta kuma ya ganta da idonsa a Dimashƙa a 1348. Amma ka zaɓa, kar ka kwashe duka. Shekara biyu ko uku a baiti ɗaya sun isa, kuma ka fifita waɗanda labarinka zai taɓa.

Toh matafiyi ya sauka lafiya, ya tafasa ruwansa, saura shiga gari. Anan babu misalin da ya kai na Ashabul Kahfi, waɗanda Allah Ya kwantar shekara 309 a kogo, da suka farka suka aiki ɗayansu birni da kuɗin azurfarsu ya sayo abinci mai tsarki, kuma suka ja masa kunne ya bi a hankali kar ya bari kowa ya gane su. Malaman tafsiri sun kawo cewa tsohon kuɗin nan ne ya tona shi a kasuwa. Yaranmu suna jin Suratul Kahfi duk Juma'a, da na tuna musu sai suka gane baitin tun kafin in rera shi. Kuɗi ne farkon mai tona asiri. Naira bata zo ba sai 1 ga Janairu 1973, kafin nan fam ne da sule da sisi da taro da kwabo da anini, kafin su kuma wuri, ita kanta kalmar kuɗi ai jam'in wuri ce. Lokacin da Baturen nan Barth, wanda yake kiran kansa Abdulkarim, ya zo Kano a 1851, dala ɗaya ta azurfa wuri 2,500 ce, kaga cefanen kirki sai da jaki.

Bayan kuɗi sai sutura da baki. Silifas na roba, zif, agogon hannu, gilashin ido, duk wani abu mai ƙyalli a cire, a nemi saƙi. Kar ka ce "minti biyar" ko "ƙarfe uku", lokaci a wajensu asuba ne da hantsi da walaha da azahar da la'asar da almuru. Kar ka shiga kasuwar Kurmi ta Kano a zamanin Sarki Muhammadu Rumfa, wanda ya yi mulki daga 1463 zuwa 1499, kace a baka gyaɗa ko tumatir ko attaruhu ko rogo ko masara, duk waɗannan daga nahiyar Amurka suka zo daga baya, abin da zaka tarar gero ne da dawa da wake da kuka da kuɓewa da daddawa, yajin kuma citta da kimba da masoro. Sannan abu mafi nauyi, baƙon da bashi da maigida bashi da fatoma, wato mai masaukin baƙi, babu wanda zai ce nawa ne, a zamanin da ake kama mutane ana sayarwa, wannan baƙon yana cikin haɗari na gaske, kuma ƙofofin birni rufe su ake in rana ta faɗi. Ban ɓoye wa yaran wannan ba, na faɗa musu daidai yadda zasu iya ɗauka.

Naira takarda ce a can,
farin wuri ake ƙirgawa a kasuwa.
Sutura irin tasu, magana kaɗan,
nemi fatoma kafin a rufe ƙofar ganuwa.

Wannan "farin" ɗin daga baya na ƙara shi. Da "wuri ake ƙirgawa" kawai nace, sai naji ƙaramar tana tambayar wane wuri, ita ta ɗauka wajen zama ake nufi. Hausa harshe ne mai karin sauti, wuri da wuri, kuka da kuka, a magana murya ce take raba su, amma da ka ɗora waƙa akai sai karin waƙar ya danne na kalmar, don haka duk kalmar da take da tagwai ka jingina mata wata da zata fayyace ta. Kaka ce ma ta rufe zancen, ta tura aka ɗauko mata wani tsohon gwangwani a ƙasan gado ta zazzago wuri guda shida a tafin hannun yarinyar, farare masu tsaga a ciki kamar haƙora.

In jarumanka ba nisa zasu yi ba, ka tuna musu ko titi ma ya sauya, kafin 2 ga Afrilu 1972 motoci a Najeriya hannun hagu suke bi, mai tsallaka titi a 1970 in ya duba ɓangaren da ya saba zai iya gamuwa da mota.

Yanzu ga ɓangaren da nake ganin in babu shi waƙar bata cika ba, kuma shine wanda aka fi tsallakewa: kai kanka haɗari ne garesu. 'Yar murar da kake yawo da ita kana shan shayi da citta, mai yiwuwa jikin mutanen shekara 500 baya bai taɓa haɗuwa da irinta ba. Wannan ba hasashe bane, ya faru a zahiri lokacin da Turawan Sifen suka shiga Meziko, agana ta biyo su ta faɗa babban birnin daular Aztek, mutanen ƙasar na asali, a 1520 ta kashe jama'a ba adadi, saboda jikinsu bai santa ba sam. Matafiyin zamani irin wannan baƙon ne, ko da zuciyarsa fara ce tas. Sai kuma bakinsa. Ya san wanda zai ci yaƙi, ya san shekarar fari, wataƙila ya san ranar da yaron da yake wasa a gabansa zai rasu don ya gani a tarihin gidansu. Masu irin wannan labari sukan tsaya akan lissafin cewa in ka sauya abu ɗaya, kakanka bai haɗu da kakarka ba, kai kuma ba'a haife ka ba, to wa ya koma ya sauya abin? Lissafin yana da daɗi kuma yara suna sonsa, amma ni abin da ya fi damuna shine uwar da za'a gaya wa.

Murarka can annoba ce,
rufe hanci, ka ja da baya.
Kar ka faɗa wa uwa ranar ɗanta,
bar gaibu ga Mai duniya.

Da na rera wannan sai babbar ta sake tare ni, kuma wannan karon idonta ya kawo ruwa, tace "Anti in mun san za'a yi Kakalaba me zai hana mu kai musu buhun gero, haka zamu wuce su suna mutuwa?" Kwana uku ina juya tambayar nan. Dokar labari tace kar ka taɓa komai, amma bazan iya koya wa yarinya waƙar da take cewa ki ga mai yunwa ki kauda kai ba, ko da a tatsuniya ne, don abin da ta rera shi zata zama. Inda na tsaya shine na raba abu biyu, abin da ke hannunka da abin da ke kanka. Na hannunka, tuwonka, ruwanka, mayafinka, ka bayar kamar yadda kowane baƙo mai mutunci zai yi a kowane zamani. Na kanka, wato labarin gobe, wannan ba naka bane balle ka rarraba. Wani marubucin zai iya yanke wani hukuncin daban, amma dole ka yanke, kuma ka yanke shi da gaske, don yara zasu tambaya.

Mai yunwa in ya tsaya gabanka,
raba tuwonka, ka ba shi nasa.
Abin hannunka naka ne ka bayar,
labarin gobe, binne shi ƙasa.

Saura gyaran jiki. Ni ƙwar huɗu na ɗauka, ɗango huɗu a baiti, na biyu da na huɗu su yi amsa-amo, kuma kowane baiti da nasa amsa-amon, wannan ya fi sauƙi akan ka ɗaure kanka da harafi ɗaya tun daga sama har ƙasa sannan ka fara jawo kalmomin da basu da aiki don kawai su ƙare da "wa". Kari kuwa kar ka tsaya ƙirga haruffa, tafi zaka yi, tafi huɗu a kowane ɗango irin na gaɗa, duk ɗangon da ya sa ka haɗiye kalma ko ka ja numfashi a tsakiya to ya yi tsawo, rage shi. Na ƙarshen baitin kasuwa ɗin nan har yanzu yana ɗan cika baki, mun barshi ne saboda yaran sun mayar dashi wajen gudu, suna rige-rigen wa zai kai "ganuwa" kafin tafi na huɗu. Umarni ya zama gajere kuma aikatau a gaba: bar shi, rufe, nemi, raba, kar ka dira. Mutum ɗaya ya ja baiti saura su karɓi amshi, kuma kar ya wuce baiti bakwai ko takwas, abin da ya ragu ka zuba shi cikin labarin.

Gwajin kuma ba a daren da ka koyar ake yinsa ba, washegari ne. Kar ka ce su rera, ka kasa kunne kawai lokacin da suke wanke-wanke ko shirin makaranta, baitin da kaji yana fita da kansa ya zauna, wanda baka ji ba ko kaji an sauya masa kalma to ka koma kansa, sau da yawa ma kalmar da yaro ya musanya ta fi taka daɗin faɗa, ka karɓa in dai bata ɓata gaskiyar ba. Sannan a cikin labarin ka tabbatar kowane baiti ya yi aiki ko sau ɗaya, jarumi ya kai moɗa baki sai ɗangon tafasa ya faɗo masa ya ajiye, ko ya manta baitin fatoma ya kwana a bayan ganuwa yana jin kukan kura.

Baitin komawa gida shine na ƙarshe da muka yi, kuma ƙaramin ne ya kawo shi ba tare da ya sani ba, don ranar an ƙwace wani ɗan batir mai kamar maɓalli daga bakin jaririn maƙwabta, gidan duk ya rikice. Da daddare yace "Anti in yaron labarin ya yar da batir a can fa, ai basu da asibiti." Sai muka zauna muka haɗa shi tare, shi yana lissafo abin da ke aljihun ɗan makanike ni ina tafi:

Irga kayanka kafin ka taso,
leda, batir, ko allura.
Abin da ka kai, ka dawo da shi,
kar ɗan wani ya tsince shi a shara.

Daga nan sai amshi sau biyu, na biyun a hankali, sannan jarumi ya murɗa agogo.